Tarihin Addinin Kirista a Tsibiran Filifin da Matsayin Harshe a Cikinsa

Gabatarwa

Tsibiran Filifin suna can gabas mai nisa, a gefen yamma na Tekun Fasifik, arewa da Indunisiya. Yawansu ya haura 7,000, an kuwa kasa su kashi uku: Luzon a arewa, inda Manila babban birnin ƙasar ya ke, da Bisaya a tsakiya, da Mindanao a kudu. Bisa ga ƙidayar shekara ta 2020 mutanen ƙasar sun kai miliyan 109. Kusan kashi 79 cikin 100 mabiya ɗariƙar Katolika ne, Musulmi sun ɗan haura kashi 6, sauran kuwa galibinsu Kirista ne na waɗansu ɗariƙu. In aka ɗebe Barazil da Meziko, babu ƙasar da ta fi ta yawan 'yan Katolika a duniya.

Turawan Sifen ne suka kai addinin can, suka mallaki ƙasar shekara 333, daga 1565 zuwa 1898. A Meziko da Peru da sauran ƙasashen da suka ci a nahiyar Amurka, addininsu da harshensu tare suka zauna. A Filifin kuwa addinin ya kafu, harshen bai kafu ba, har yau da wuya a sami mai jin Sifaniyanci a kasuwannin Manila. Manufar wannan takarda ita ce ta nuna cewa al'amuran nan biyu tushensu ɗaya. Limaman da suka zo da addinin da harsunan 'yan ƙasa suka koyar da shi, wannan ne kuwa ya sa jama'a suka riƙe shi tamkar nasu na gado, har daga baya suka yi hujja da shi a kan waɗanda suka kawo musu shi.

1. Ƙasar Kafin Zuwan Turawa

Kafin ƙarni na 16 babu wata sarauta guda da ta haɗa tsibiran. Mutane suna zaune jama'a jama'a a bakin teku da bakin koguna, ana kiran kowace jama'a barangay, shugabanta kuwa datu. Harsunansu sun haura 100, kusan dukansu 'yan gida ɗaya ne da Malayanci da harshen mutanen Madagaskar. Daga cikin manyansu akwai Tagalog, da Sebuwano, da Ilokano.

Tagalog sun yarda da wani mahalicci wanda su ke kira Bathala, amma yawancin ibadarsu ga anito ta ke, watau ruhohin kakanni da iskokin daji da na ruwa. Masu shiga tsakanin mutane da iskokin nan ana ce da su katalonan a ƙasar Tagalog, a Bisaya kuwa babaylan. Galibinsu mata ne, su ne masu yanka da ba da magani, iskoki kuma su kan hau su, kamar dai 'yan bori.

Musulunci ya riga Kiristanci isa ƙasar da fiye da shekara 100. Fatake da malamai sun kai shi tsibiran Sulu wajen ƙarshen ƙarni na 14, aka kafa sarautar Musulunci a can a tsakiyar ƙarni na 15, sa'an nan Sharif Kabungsuwan ya kafa ta Magindanao a farkon ƙarni na 16. Manila kanta, lokacin da Turawa suka iso ta, tana hannun sarakuna Musulmi masu zumunci da gidan sarautar Burunai. Da mutanen Sifen suka gan su sai suka sa musu suna Moro, sunan da su ke kiran Musulmin Andalus da na Magrib da shi.

2. Zuwan Farko da Zuwa na Biyu

Ferdinand Magellan mutumin Fotugal ne, amma Sarkin Sifen ya ke yi wa aiki. Ya tashi da jirage 5 cikin 1519 yana neman hanyar yamma zuwa tsibiran Maluku, inda kanumfari ke fitowa, ya iso Filifin cikin watan Maris 1521. Ran 31 ga wata, ranar Ista, aka yi babbar sujadar Katolika, wadda su ke kira Misa, a tsibirin Limasawa. Tafintansa wani bawansa ne mai suna Enrique wanda ya samo a Malaka, mai jin Malayanci, harshen fatauci na wannan yanki duka. Ke nan ta bakin tafinta mutanen ƙasar suka fara jin labarin Almasihu.

Ran 14 ga Afril aka yi wa Humabon sarkin Sebu baftisma, da matarsa, da mutane kimanin 800. Aka ba matar kyautar wani ɗan mutum-mutumi na katako, siffar Almasihu yana yaro, wanda a ke kira Santo Niño. Ga alama abin da sarkin ya fi so shi ne ya sami abokan ƙawance masu bindiga a kan maƙwabtansa. Ran 27 ga Afril Magellan ya kai wa Lapulapu na tsibirin Maktan yaƙi, aka kashe shi a bakin ruwa. Bayan kwana 4 Humabon ya kira manyan baƙin walima, aka hallaka da yawa daga cikinsu, saura suka ja jirage suka tafi, ba su bar limami ko malami a bayansu ba.

Sai bayan shekara 44 aka sāke dawowa aka zauna. Miguel Lopez de Legazpi ya taso daga Meziko tare da limamai na ƙungiyar Agustin, babbansu Andres de Urdaneta, suka sauka Sebu cikin Afril 1565. Da suka ci garin, wani soja ya tsinci mutum-mutumin nan cikin wani gida, an adana shi a akwati. Mutanen garin sun manta da baftisma, amma sun riƙe siffar suna girmama ta tare da abubuwan bautarsu na dā. Har yanzu tana cikin babbar majami'ar Santo Niño a Sebu, ana kuwa yi mata bikin Sinulog kowane watan Janairu. Cikin 1571 Legazpi ya karɓe Manila, ya mai da ita gidan mulki.

3. Ƙararrawa da Harshe

A tsarin Sifen na wancan zamani mulki da addini a haɗe su ke. Paparoma ya ba sarakunanta ikon zaɓen bishop-bishop da aika limamai cikin ƙasashen da suka ci, su kuma suka ɗauki nauyin ɗawainiyarsu. Limaman da aka aiko ruhubanawa ne, watau waɗanda suka yi alkawarin barin aure da dukiya suka shiga ƙungiya mai dokokinta. Bayan 'yan Agustin, 'yan Faransis suka zo cikin 1578, 'yan Jesuwit cikin 1581, 'yan Dominik cikin 1587, da Rekoleto cikin 1606.

Wahala biyu suka tarar. Ta farko ita ce mutane a warwatse su ke, limamai kuwa ko a ƙarni na 17 'yan ɗaruruwa ne kurum. Maganin da suka yi wa wannan shi ne tara jama'a cikin sababbin garuruwa, majami'a a tsakiya, dandali a gabanta, gidaje kewaye da ita iyakar inda a ke jin ƙararrawa. Ƙararrawar nan ita ke tashe gari, ita ke kiran yara karatu, ita ke sanar da mutuwa. Waɗansu suka ƙi, suka gudu kan duwatsu. Ƙabilun tsaunukan arewacin Luzon da sarautun Musulmi na kudu kuwa ba su taɓa shiga hannu sosai ba, ko da ya ke an yi ta yaƙarsu har ƙarshen mulkin Sifen.

Wahala ta biyu ita ce harshe. Bishop na farko na Manila, Domingo de Salazar, ya kira taron limamai cikin 1582, aka daidaita a kan a koyar da addini da harsunan 'yan ƙasa. Cikin 1594 Sarki Filibus na 2, wanda ƙasar ta ci sunansa, ya yi umurni a raba larduna tsakanin ƙungiyoyin, domin kowace ta ƙware a harsuna kaɗan. Misa dai da Latin a ke yin ta, amma wa'azi, da karatun rukunan addini, da furta zunubi gaban limami, duka da harshen gari a ke yi.

Littafin da a ke lissafawa cikin na farko da aka buga a ƙasar shi ne Doctrina Christiana na 1593, mai ɗauke da addu'o'i da dokoki goma da tambaya da amsa. An sassaƙa rubutun a jikin allunan katako, aka shafa tawada aka danna takarda. An jera abin da ke cikinsa da Sifaniyanci, da Tagalog cikin haruffan Rumawa, da Tagalog cikin baybayin, rubutun ƙasar na asali. Baybayin yana da alama 17, wasula 3 da baƙaƙe 14, kowane baƙi yana ɗauke da wasalinsa, ba shi kuwa da hanyar nuna baƙin da ke rufe gaɓa. Wajen 1620 wani limami, Francisco Lopez, ya ƙaro wata alama mai siffar gicciye don ta yi aikin da ɗauri ke yi a ajami, amma ba ta karɓu ba, a hankali haruffan Rumawa suka ture baybayin. Cikin 1610 Francisco Blancas de San Jose ya buga nahawun Tagalog, cikin 1613 Pedro de San Buenaventura ya buga ƙamus. Irin waɗannan littattafai su ne yau madogarar masu binciken tsohon yanayin harsunan ƙasar.

Sarakunan Sifen sun sha aiko da umurni a koya wa 'yan ƙasa Sifaniyanci, ba a kuwa zartar ba. Malamai sun yi kaɗan, Turawan da suka zauna a ƙasar ma kaɗan ne, yawancinsu a Manila. Akwai kuma wani dalili. A garuruwa da yawa limami shi kaɗai ne Bature, shi kaɗai ke jin harshen hukuma da na talakawa, saboda haka haraji da ƙara da zaɓen dagaci duka sai ta hannunsa. Wanda ya sami irin wannan matsayi ba zai yi ɗokin koya wa wani abin da zai raba shi da shi ba. Sai cikin 1863 aka yi dokar kafa makarantun firamare na hukuma masu koyar da Sifaniyanci, shekara 35 kacal kafin mulkin ya ƙare.

4. Abin da Aka Fassara da Abin da Aka Bari

Limaman sun ji tsoron kada sabon addini ya gauraya da tsohon, saboda haka suka bar waɗansu kalmomi yadda su ke a Sifaniyanci. Ba su yarda a kira Allah da sunan Bathala ba, sai Dios. Haka kuma suka bar kalmomin Ruhu Mai Tsarki, da gicciye, da alheri, da waliyyi. Amma waɗansu dole suka ɗauko daga harshen gari: langit, watau sama, ta zama aljanna, kasalanan, daga sala, watau kuskure, ta zama zunubi, panginoon, watau ubangida, ta zama Ubangiji. Majami'a kuwa aka kira ta simbahan, daga simba, 'yar'uwar kalmar Malayanci sembah, wadda ke cikin sunan da Musulmin Malaya ke kiran salla da shi.

Kalma ba ta shiga sabon aiki ta bar tsohuwar ma'anarta gaba ɗaya. Masanin tarihi Vicente Rafael, cikin littafin da ya buga a 1988, ya nuna yadda Tagalog suka fahimci dangantakar mutum da Ubangiji ta hanyar abubuwa biyu da suka sani tun dā: utang na loob, watau bashin alheri wanda ba ya biyuwa, da hiya, watau kunya. Limami yana wa'azi da nufinsa, masu sauraro suna ji da nasu. Waliyyai suka gaji aikin anito na tsare gona da warkar da ciwo, uban baftisma ya zama sabon reshe na zumunta, bikin waliyyin gari ya zama babban bikin shekara.

5. Waƙar Pasyon da Sauyin Tawaye

Cikin 1704 wani ɗan ƙasa, Gaspar Aquino de Belen, ya fito da labarin wahalar Almasihu da mutuwarsa cikin waƙar Tagalog, wadda a ke kira Pasyon. Tsarinta ƙwar biyar ne, kowane ɗango gaɓa 8. Wata da ta fi ta tsawo, mai farawa daga halittar duniya, ta fito cikin 1814, ita ce kuwa ta fi yaɗuwa. A makon Ista mutane su kan taru a gidaje da rumfuna suna rera ta dare da rana, ana karɓa-karɓa, ba tare da limami ba. A lokacin babu cikakken Littafi Mai Tsarki cikin Tagalog, saboda haka daga waƙar nan talaka ya san labarin addininsa. Almasihun da ke cikinta kuwa talaka ne, ɗan talakawa, wanda manyan gari da malaman addini suka haɗa baki suka zalunta.

In aka dubi tawayen da aka yi ta yi wa Sifen za a ga yadda addinin ya shiga jiki. Cikin 1621 wani babaylan mai suna Tamblot ya ta da mutanen Bohol, yana kiransu su bar addinin baƙi su koma ga na kakanni. Bayan shekara 123, cikin 1744, a wannan tsibiri dai, Francisco Dagohoy ya yi tawaye domin limami ya ƙi binne ɗan'uwansa bisa ga ƙa'idar Kirista. Tawayen nan ya kai shekara 85, sai 1829 aka kashe wutarsa. Na farko ƙin addinin ya yi, na biyu kuwa fushin an hana shi hakkinsa cikin addinin.

Haka al'amarin Apolinario de la Cruz ya ke, wanda a ke kira Hermano Pule. Ya so shiga ƙungiyar ruhubanawa aka hana shi don shi ɗan ƙasa ne. Cikin 1832 ya kafa tasa jam'iyyar ibada da sunan Yusufu mijin Maryamu, dubban manoma suka shiga. Hukuma da majami'a suka ƙi amincewa da ita, aka aika soja lardin Tayabas, aka karkashe mabiyansa, shi kuma aka kashe shi ran 4 ga Nuwamba 1841.

6. Rikicin Limamai 'Yan Ƙasa

Da aka kori 'yan Jesuwit daga ƙasar cikin 1768 majami'u da yawa suka rasa limamai, sai Babban Bishop na Manila ya naɗa 'yan ƙasa da gaggawa, waɗansunsu karatunsu bai nuna ba. Ruhubanawa suka riƙe wannan hujja, suna cewa ɗan ƙasa bai cancanci ya riƙe majami'a ba sai dai ya yi mataimaki. Da 'yan Jesuwit suka komo cikin 1859 aka shiga karɓe majami'u daga hannun 'yan ƙasa ana ba Turawa. Pedro Pelaez ne ya shugabanci masu ƙin wannan, har ya rasu cikin girgizar ƙasar da ta rushe babbar majami'ar Manila a 1863, almajirinsa Jose Burgos ya ɗora.

Cikin Janairu 1872 sojoji da ma'aikatan gidan makamai na Kabite suka yi bore. Hukuma ta ɗora laifin a kan limamai uku, Mariano Gomez, tsoho wanda ya haura shekara 70, da Burgos, da Jacinto Zamora. Aka shaƙe su da ƙarfe a bainar jama'a ran 17 ga Fabrairu, ko da ya ke Babban Bishop ya ƙi tuɓe su daga limanci. Jose Rizal, wanda littattafansa biyu na 1887 da 1891 suka tona asirin mulkin ruhubanawa, ya sadaukar da na biyun ga limaman nan uku. Shi ma aka harbe shi ran 30 ga Disamba 1896, wata 4 bayan ƙungiyar Katipunan ta Andres Bonifacio ta ɗaga tutar tawaye. Rizal da 'yan boko irinsa da Sifaniyanci suka yi rubutu, Katipunan kuwa da Tagalog ta yi kira. Reynaldo Ileto, cikin littafinsa na 1979, ya nuna cewa manoman da suka amsa kiran da kalmomin Pasyon suka fahimce shi: jure wahala, da fita daga duhu zuwa haske, da fansa bayan mutuwa. Reshe ya juye da mujiya.

7. Zamanin Amurka

Ran 10 ga Disamba 1898 Sifen ta miƙa tsibiran ga Amurka a kan dala miliyan 20. Sababbin masu mulki suka raba addini da hukuma, suka sayi gonakin ruhubanawa cikin 1903 a kan kimanin dala miliyan 7. Da 'yan ƙasa suka ga Roma ba ta da niyyar ba su shugabanci, sai Isabelo de los Reyes ya yi shelar kafa majami'ar Filifin mai zaman kanta ran 3 ga Agusta 1902, Gregorio Aglipay ya zama shugabanta. Jama'a masu ɗimbin yawa suka bi ta, amma cikin 1906 kotun ƙoli ta yanke cewa gine-ginen majami'u na Katolika ne, da yawa kuwa suka koma inda waliyyan garinsu su ke. A wannan shekara ne aka naɗa Jorge Barlin, ɗan ƙasa na farko da ya zama bishop na Katolika, bayan shekara 341 da saukar Legazpi.

'Yan mishan na Furotesta suka shigo daga 1899, cikin 1901 su ma suka raba larduna tsakaninsu. Babban aikinsu shi ne fassara, cikakken Littafi Mai Tsarki na Tagalog ya fito cikin 1905. Cikin 1914 Felix Manalo ya kafa Iglesia ni Cristo, wadda ba ta yarda da allantakar Almasihu ba, da Tagalog kuma ta yi wa'azinta tun daga farko. A ƙidayar 2020 mabiyanta sun kai kashi 2.6 cikin 100.

Amurkawa sun bi hanyar da Sifen ba ta bi ba, suka buɗe makarantu ko'ina da Ingilishi. Ƙidayar 1939 ta nuna fiye da rubu'in mutanen ƙasar suna jin Ingilishi, masu jin Sifaniyanci kuwa ba su kai kashi 3 cikin 100 ba. Duk da haka yawancin jama'a ba su bar Katolika sun bi ɗariƙun Amurkawa ba. Makaranta ta iya sauya harshen ofis cikin shekara 40, amma addinin yana zaune cikin harshen gida, inda Ingilishi bai kai ba.

Kammalawa

Ƙasar ta sami mulkin kai ran 4 ga Yuli 1946. Cikin 1960 Rufino Santos ya zama ɗan ƙasa na farko da ya kai muƙamin kadinal, bayan babban taron Batikan na 1962 zuwa 1965 kuma Misa kanta ta koma harsunan gari. Cikin Fabrairu 1986 Kadinal Jaime Sin ya yi kira ta gidan rediyon Veritas, mutane suka cika babban titin EDSA a Manila da carbi da siffofin Maryamu, suka tsaya gaban tankokin yaƙi, Shugaba Ferdinand Marcos ya bar fadar mulki ran 25 ga wata. A kudu kuwa rikicin da ya faro tun zamanin Legazpi ya daɗe bai kwanta ba, sai cikin 2019 aka kafa yankin Bangsamoro mai cin gashin kansa domin Musulmi.

Tsarin mulkin 1987 ya ajiye Filipino, wanda aka gina a kan Tagalog, da Ingilishi a matsayin harsunan hukuma, ya bar Sifaniyanci da Larabci ga wanda ya ga dama ya koya. Abin da ya rage na harshen Sifen shi ne dubban kalmomin aro, da sunayen iyali waɗanda Gwamna Claveria ya rarraba cikin 1849, da harshen Cabakano na Zambowanga wanda ya tsiro daga gaurayar Sifaniyanci da harsunan ƙasa. Mai son sanin yadda addinin nan ya zauna a zukatan mutanen Filifin, ba zai wadatu da takardun gwamnoni da wasiƙun bishop-bishop ba. Lalle ne ya koma ga nahawu da ƙamus na ƙarni na 17, da baitocin Pasyon, ya bi kalma ɗaya ɗaya, ya ga ma'anar da limami ya nufa da ita, da wadda mai sauraro ya ɗauka.